Finafinan yaƙin Biyetnam na zamanin kaset da rigimar kalmar "tarihi"

Na Fagge: Jiya na kunna Missing in Action na Chuck Norris, wanda kamfanin Cannon ya fitar a 1984, sai ɗana ya tsaya a kaina yana dariya, wai shirme ne na ƙaramin jari. Abin ya sosa mini rai, domin a gidan kallon unguwarmu mun sha matsuwa a kan benci, hoto yana rawa, mai gidan yana ciro kaset ya hura ya mayar, kuma a nan muka fara sanin tarihin yaƙin Biyetnam. Ƙarancin kuɗi bai hana finafinan nan shiga rai ba, shi ya sa har yau ake nemansu.

Malamar Sakandare: Yaya, kalmar "tarihi" ce ban yarda da ita ba. Amurka ta kwashe sojojinta a 1973, Saigon, babban birnin Biyetnam ta Kudu, ta faɗi a 1975, sannan aka zo aka nuna muku mutum ɗaya ya koma ya rama. Ko dajin da kuka gani ba na Biyetnam ba ne, a Filifin aka ɗauki fim ɗin.

Mai Gyaran Rediyo: Malama, ai ba sai abin da ke cikin littafi ne tarihi ba. Da ba mu kalla ba, wa zai gaya mana an taɓa yin yaƙin?

Malamar Sakandare: Malam, labarin da wanda ya sha kaye ya shirya don ya huce takaicinsa sunansa farfaganda, kuma mutanen Biyetnam ɗin da ake zubarwa kamar ƙudaje ko suna ba a ba su ba.

Ɗan Sabon Gari: Ni dai a ganina Rambo na biyu, na 1985, ya fi shi nesa ba kusa ba.

Mai Gyaran Rediyo: Wannan magana ba ta da tushe. Chuck Norris zakaran karate ne na gaske tun kafin ya shiga fim, Stallone da ya fito a matsayin Rambo kuwa ƙwanji kawai ya tara.

Ɗan Sabon Gari: To, me ya sa ake yi wa yara laƙabi da Rambo ba da Norris ba?

Shugaban Zaure: Na karanta duka. Abin da ya fito fili shi ne Na Fagge yana da gaskiya, Malama ta tsananta a kan kalma ɗaya, kuma babu wanda ya iya musanta cewa Chuck Norris ya fi iya faɗa.