Waken da ke warin magani: wanki na fitar da gubar?

Maman Hafsa:
Assalamu alaikum. Wani wake idan an buɗe buhunsa sai warin magani irin na fiya-fiya ya bugi hanci. Wanki da dafuwa suna raba shi da gubar, ko sai dai a zubar? Sannan mai son ajiye wake daga kaka zuwa bazara, me zai yi ƙwari su bar shi?

Malam Sabo:
Wa alaikumus salam, Hajiya. Galibi wannan warin na sinadarin DDVP ne, wanda ke cikin maganin ƙwari na Sniper. Don feshin gona aka yi shi, ba don a yayyafa wa hatsin da za a ci ba. Saboda shi ne Tarayyar Turai ta dakatar da shigar busasshen waken Najeriya a 2015: ƙa'idarsu miligiram 0.01 a kowane kilo, amma an samu waken da ya kai 4.6. A 2019 hukumar kula da abinci da magunguna ta Najeriya, NAFDAC, ta hana sayar da ƙananan kwalaben Sniper a kasuwanni.

Wanki yana ragewa, ba ya kawarwa duka. Maganin na bin iska, don haka a baza waken a rana kwana biyu zuwa uku ana juyawa, a jiƙa, a surfe ɓawon kamar za a yi alale, a ba shi tafasa ɗaya a zubar da ruwan, sannan a dafa da sabo. Idan bayan shanya warin na nan, kada ma a ba kaji.

Dakta Binta:
Ƙari a kan bayanin Malam: garin ɗanwake ya fi ban tsoro, domin sau da yawa haka ake kai waken inji ba a wanke ba. Alamun guba su ne dalalar yawu, zufa, amai, gudawa, ƙanƙancewar ƙwayar ido da sarƙewar numfashi. Kada a ɗura wa mutum manja ko madara, kada a sa shi amai, yana iya shaƙewa abin ya gangara huhu. A garzaya asibiti, akwai allurar atropine, makarin wannan gubar. A tafi da ragowar abincin.

Alhaji Ɗanlami:
Maganar ajiya, buhun PICS ya wadatar, babu magani ko ɗigo. Leda biyu ne masu kauri a cikin buhu na uku. Ƙwaron na cinye iskar ciki ya mutu da kansa. Inda ake kuskure uku ne: huda a leda, ɗaure bakin ledojin tare, da yawan buɗewa ana ɗiban na girki. A busa kowace leda a duba kafin a zuba, a matse iska, a murɗe baki a ɗaure kowacce daban, a ɗora a kan katako nesa da bango saboda ɓera.

Kuma sai waken ya bushe ƙayau. A zuba kaɗan da busasshen gishiri a kwalba a girgiza. In gishirin ya manne a jikin kwalbar, a koma shanya.

Masu sa ƙwayar Phostoxin kuwa, wadda hayaƙinta ke kashe ƙwari, a naɗe ta a takarda don tokar kada ta gauraya da waken, a rufe ruf aƙalla mako guda, a buɗe ya sha iska kafin a kai kasuwa. Kada buhun ya kwana a ɗakin da mutum ke barci; hayaƙinta na kisa, kuma ba shi da makari.