Neman kalma: me za a kira editan dokumentari?

Maman Ilham: Salamu alaikum. Gobe ƙarfe 10 zan naɗi shirin rediyo a kan Ziva Postec, matar da ta kusan shekara shida tana aikin fim ɗin Shoah na 1985, dokumentari a kan kisan kiyashin da 'yan Nazi suka yi wa Yahudawa. Hoton wajen awa 350 ta rage ya koma awa tara da rabi. Me zan kira sana'arta? Na rubuta "edita", furodusa ya ce za a ɗauka 'yar jarida ce.

Ɗan Zoo Road: Mai tace hoto, Hajiya. Haka muke rubutawa a ƙarshen fim, kusa da ɗaukar hoto da ba da umarni.

Malam Na Tsangaya: A'a. Tun da aka kafa Hukumar Tace Fina-finai ta Kano a 2001, da ka ce "tace" sai mutum ya hango almakashin hukuma. Kuma tacewa cire datti ne. A irin wannan dokumentari babu rubutaccen labarin da za a bi, a teburinta ake gano labarin: wace hira ce za ta riga wata, ina za a bar shiru ya yi tsawo. Ni na ce masaƙiyar fim. Zare ake kawo mata, ta fid da zane.

Ɗan Damagaram: Mu nan montaj muke cewa, kowa ya gane.

Malam Na Tsangaya: Wato mu gudu daga Turancin Ingila mu faɗa na Faransa? Masaƙi, masaƙiya, masaƙa. Har jam'i ya zauna daram.

Ɗan Zoo Road: Allah gafarta Malam, shi "fim" ɗin da ka liƙa a baya, kakanninmu ne suka bar mana? Shekaru ina gaban kwamfuta ina daidaita murya da motsin baki, ba wanda ya taɓa aiko ni saƙa. In na sa wannan a katina, masu neman gwado ne za su kira ni.

Malam Na Tsangaya: Matsalarku ke nan, kun ɗauka Hausa a Kano ta fara, a Kano ta ƙare.

Ɗan Damagaram: Wannan kam na sa hannu.

Yaya Balaraba: Ku bar baiwar Allah ta samu ta kwanta. Maman Ilham, ki ce "mai haɗa fim", sai ki bi shi da jimla ɗaya: wadda take zaɓa, ta yanka, ta jera.

Ɗan Zoo Road: Yaya, mai haɗa fim ai furodusa za a zata.

Maman Ilham: Na gode. Zan buɗe da "mai tace hoto da tsara shi", daga nan in ci gaba da "edita". Shi kansa "dokumentari" fa?

Malam Na Tsangaya: To, ba laifi na gobe kawai. Amma ki ambaci masaƙiya ko sau ɗaya, mu ji abin da masu kiran waya za su ce.