Wace Hausa za mu ba "notional promotion"?

Mai tambaya, Obalende:
Assalamu alaikum. Muna rubuta bayani da Hausa don 'yan ƙungiyarmu ta ma'aikata, musamman direbobi da masinjoji, waɗanda takardar ƙarin girma ke zo musu da Turanci. Kalma ɗaya ta tsayar da mu: notional promotion. Takardar kan zo da rana biyu, ranar da aka ce mutum ya hau sabon mataki, da ranar da sabon albashi zai fara. Ta farkon ce ake kira haka. Wasu na cewa "noshinal" kawai, amma wanda bai sani ba bai ƙaru da komai ba. A taimaka mana.

Ma'aikaciyar jinya, Idi-Araba:
Wa alaikumus salam. Mu dai "ƙarin girma na jeka-na-yi-ka" muke cewa. An ce ka hau, albashi yana nan inda yake, mai gida kuwa a Legas ba ya karɓar takarda a madadin kuɗin haya.

Lauya, Ikeja:
Hajiya, na ji zafin da kike ji, amma don Allah kada a rubuta wannan. Jeka-na-yi-ka abu ne marar amfani, wannan ranar kuwa tana da amfani babba. A aikin gwamnatin tarayya, ma'aikacin mataki na 7 zuwa 14 sai ya yi aƙalla shekara 3 kafin a duba shi don hawa na gaba, na 15 zuwa sama shekara 4, ƙananan matakai shekara 2. Daga wannan ranar ake ƙirga shekarun, da ita kuma ake sanin wa ke gaba da wa a ofis. Wanda aka gaya wa ba ta da amfani, ba zai duba ko an rubuta ta daidai ba, kuma kuskuren shekara ɗaya a nan yakan bi mutum har ritaya.

Malamin makaranta, Agege:
To Barista, "ƙarin girma na takarda" fa?

Lauya, Ikeja:
Ya fi, Malam, sai dai kowane ƙarin girma da takarda yake zuwa. Ni a ganina mu bar neman suna ga ƙarin girman, mu sa wa ranakun suna: "ranar girma" da "ranar kuɗi". A nan rigimar take. A ce ranar girma 1 ga Janairu 2021, ranar kuɗi 1 ga Janairu 2023, sabon albashi kuma bai shiga asusu ba sai 2024. Abin da ya taru daga ranar kuɗi zuwa ranar da aka fara biya bashi ne a fili, shi ne ariyas. Na tsakanin ranar girma da ranar kuɗi kuwa, hukuma za ta ce ba ta yi alkawarinsa ba. Mutane da yawa na haɗa biyun su ƙirga kuɗi mai yawa, su je kotu, a ba su rabi ko a kori ƙarar.

Irin wannan ƙara Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ake kai ta, reshenta na Legas yana Ikoyi. Gyaran tsarin mulki na 2010 ne ya ba ta wannan hurumi ita kaɗai, a sashe na 254C. Alƙalai sun sha cewa ƙarin girma ba haƙƙi ba ne da mutum zai tilasta a ba shi, amma da zarar takarda ta fito, albashin matakin ya zama haƙƙi. Sai an kawo takardar da silif na albashi, an nuna kuɗin wata-wata. Kada kuma a yi jinkiri, don lauyoyin gwamnati kan ɗauko dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata 3 na shigar da ƙara.

Ma'aikaciyar jinya, Idi-Araba:
Na yarda da ranakun. Amma a bar "ariyas" yadda take, kowa a ofis ya san ta.

Mai tambaya, Obalende:
Mun gode ƙwarai. Za mu rubuta ranar girma da ranar kuɗi, ariyas kuma mu bayyana shi da "bashin ƙarin girma" a karon farko. Barista, zan turo miki daftarin ki duba kafin mu buga.