Muhawara: Shin baƙo yana da hurumin ɗaukar fim a kan 'yan asalin wuri?

Malamin tarihi: Ra'ayina shi ne, fim ɗin gaskiya da baƙo ya ɗauka a kan ƙabilun asali ya fi amfanar baƙon fiye da su. Tun farko a haka aka ɗora harsashin sana'ar. A 1922 mai shirya fim Robert Flaherty ya fitar da fim ɗin Nanook of the North a kan mutanen Inuwit na arewacin Kanada, inda ya sa mutumin da ya saba farauta da bindiga ya riƙe mashi, aka kuma gina ɗakin ƙanƙara mai buɗaɗɗen gefe domin haske ya wadaci kyamara. Ko sunan mutumin ba Nanook ba ne, Allakariallak ne.

Mai ɗaukar hoto: Malam, ban musa wannan ba, amma bai kamata laifin da aka yi fiye da shekara 100 ya hau kan kowa ba. Da ba don hotunan yaran ƙabilar Yanomami ta dajin Amazon da yunwa da zazzaɓin cizon sauro suka rame da su ba, da wuya duniya ta san irin ɓarnar da masu haƙar zinariya suka yi wa koguna da sinadarin makuri, har gwamnatin Brazil ta ayyana dokar ta-ɓaci ta lafiya a yankin a Janairun 2023. Baƙon ma da ransa yake shiga, domin a Yunin 2022 aka kashe ɗan jarida Dom Phillips tare da masanin ƙabilun asali Bruno Pereira a kwarin Javari da ke dajin Amazon na Brazil.

Malama mai nazarin fina-finai: Ku yi haƙuri, ina ganin ku biyun kun tsaya a kan wanda ya riƙe kyamara, alhali kuwa ikon yana hannun wanda ya zauna ya yanka ya haɗa. Ana iya ɗaukar sa'o'i masu yawa, dattijo yana bayanin iyakar ƙasarsa da shari'ar da suke yi a kotu, sai mai tacewa ya zubar da wannan duka ya bar rawa da fentin fuska, saboda su ne ke jan masu kallo. Akwai ma abin da baƙo ba ya hangowa: Yanomami ba sa ambaton sunan mamaci kuma ba sa son hotonsa ya wanzu, shi ya sa fim ɗin da ya ci lambar yabo a Turai kan iya zame wa dangi baƙin ciki.

Mai ɗaukar hoto: To Malama, idan an nemi izini fa? Sanarwar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 2007 kan haƙƙin ƙabilun asali ta riga ta tanadi amincewar al'umma tun kafin a taɓa abin da ya shafe su.

Malama mai nazarin fina-finai: Izinin da aka karɓa daga wanda bai taɓa ganin inda fim ke zuwa a intanet ba, rabin izini ne. Na fi gamsuwa da tsarin Vídeo nas Aldeias, wato shirin ɗaukar bidiyo a ƙauyukan ƙabilun asali, wanda Vincent Carelli ya fara a Brazil a 1986, har ya kai ga matasan ƙauyukan suna ɗauka suna tacewa da hannunsu.

Malamin tarihi: Wannan na karɓa, sai dai ina tuna muku cewa shi ma Carelli baƙo ne ya kai musu kyamarar. Saboda haka na sassauta maganata: baƙo ya shigo, amma a nuna wa mutanen fim ɗin a ƙauyensu kafin a kai shi ko'ina, kuma idan suka ce a cire wani wuri, a cire.

Mai ɗaukar hoto: Idan kuma wurin da suka ce a cire shi ne inda wani shugabansu ke karɓar kuɗin masu saran itace fa, Malam?