Ni ne darakta, ni ne mai kamara, ni ne edita: in ci gaba ko in koma ƙarƙashin wani?

Assalamu alaikum 'yan uwa. Shekara uku ke nan ina yin gajerun finafinai a Kano ina ɗorawa a YouTube. Ni ke rubuta labari, ni ke ba da umarni, ni ke riƙe kamara, dare ya yi in zauna editin. Har abincin 'yan wasa ni ke sayowa. Makon jiya ina haɗa wata fitowa, sai ga jarumina ya shiga ɗaki da farar hula ya fito da zanna, ga ƙarar janaretan maƙwabta ta cinye maganar jarumar kaf. A lokeshan, wato wurin ɗaukar fim ɗin, ban lura ba, idona na kan kamara. Yanzu wani darakta ya ce in zo in zama mataimakinsa a fim mai dogon zango. In karɓa ne, ko in riƙe nawa?

Wani edita daga Kaduna:
Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, hular nan ba rashin iyawa ba ce, taura biyu ka so tauna. Wanda ke kallon haske ba ya jin sauti. Kafin komai nemi yara biyu: ɗaya ya sa abin ji a kunne ya riƙe makirufo, ɗaya ya yi kwantiniti, wato ya kula kar shigar kowa ta canza, yana ɗaukar hoton kayan kowa a waya kafin a ce akshin. Hoto mai ɗan duhu mutane za su yi haƙuri, amma in ba sa jin magana minti ɗaya ba za su yi ba.

Wata marubuciya:
Ka karɓa mana! Amma ku yi magana kan kuɗi da sunanka tun farko, a rubuce. An sha mu mun warke.

Wani dattijo a harkar:
Yaro, lokacin da muke kai kaset Ƙofar Wambai, 'yan kasuwa ke biya. Yanzu YouTube sai ka tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo kafin ka fara cin kuɗin talla. Ka kai? In ba ka kai ba, je ka yi zango ɗaya, ka ga yadda ake tsara ranakun aiki da kai fim Hukumar Tace Finafinai. Tasharka kuma kar ka bari ta mutu, ko wata-wata ka riƙa sa abu.

Mai tambaya:
Na gode Baba, ban kai ba tukuna. Gobe in Allah Ya kai mu zan same shi. Mai makirufo kuwa ƙanena zan ɗauka, dama zaman banza yake.