An yi wa yayana canjin wurin aiki daga Makka zuwa Kunfuda, akwai inda zai kai ƙara?

Ummu Hanan:
Assalamu alaikum jama'a. Dan Allah masu sanin dokar ƙasar nan ku taimaka mana da shawara. Yayana ma'aikacin gwamnati ne a nan Makka, yana da tabi'iyya, wato takardar zama ɗan ƙasar Saudiyya, ya daɗe a ofis ɗin, kwanaki suka samu saɓani da mudir ɗinsu, wato shugaban ofis ɗin, akan wasu takardu da ya ƙi sa wa hannu, ba a yi wata ɗaya ba sai ga takarda wai an maida shi Kunfuda saboda maslahar aiki. Tafiyar wajen awa huɗu ce fa, kuma Hajiyarmu a hannunsa take, shi ke kai ta wankin ƙoda yana zaune da ita har a gama. Shi ya ce wallahi ba inda za shi, zamansa zai yi a gida. Ni kuma hankalina bai kwanta da haka ba.

Abu Yasir (Jidda):
Wa alaikumussalam. Ƙanwata ki roƙe shi don girman Allah kar ya zauna a gida. Dokar ma'aikata ta ce wanda aka yi wa canji ya ƙi zuwa har kwana 15 daga ranar da aka sanar da shi, ba tare da uzuri karɓaɓɓe ba, ana iya sallamarsa. Ya je ya kama aiki tukuna, yana can yana bin haƙƙinsa.

Tunda maganar aikin gwamnati ce ba kotu zai fara zuwa ba, zai rubuta tazallum, wato koke, zuwa ma'aikatar Mawaridul Bashariyya, mai kula da harkar ma'aikata, cikin kwana 60 daga ranar da ya san da hukuncin. Su ma suna da kwana 60 su ba shi amsa, in suka ƙi ko suka yi shiru to ya samu wasu kwana 60 ɗin ya shigar da ƙara a Mahkama Idariyya, wato kotun da ke sauraron ƙara kan hukumomin gwamnati, da ke ƙarƙashin Diwanul Mazalim, ta intanet ma ake yi yanzu a manhajar Mu'in. Waɗannan wa'adin su ke kayar da mutane, kana da gaskiyarka amma ka makara sai a kori ƙarar ba a ko buɗe maganar ba.

Baban Sadiq:
Malam Abu Yasir ya yi bayani amma ni dai ina ganin a fara da lallami, a samu wani babba ya je ya ga mudir ɗin. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, su ke da ikon juya ma'aikata duk inda aiki ya buƙata kuma kotu ba ta cika shiga wannan ba.

Malama Zee:
Baban Sadiq ikon nasu na da iyaka ai. A nemi sulhun ba laifi, amma kar a tsaya jiransa har wa'adi ya wuce. Cikin dalilan da kotun ke soke hukuncin hukuma akwai amfani da iko ba bisa ƙa'ida ba, kuma canjin wuri ba ya cikin horon da doka ta lissafa, akwai gargaɗi a rubuce da yankan albashi da hana ilawa, wato ƙarin albashi na shekara, har zuwa kora, su ma sai an yi bincike an ji ta bakin mutum. To in canjin horo ne aka lulluɓe da sunan maslaha abin ƙalubalanta ne. Wahalar ita ce shi zai kawo hujja, don haka ya tara komi, takardun da ya ƙi sa wa hannu, saƙonnin WhatsApp da kwanan watansu, takardar auna ƙwazonsa ta shekarun baya, in an kawo wani kujerarsa washegari shi ma ya rubuta. Rahoton asibitin Hajiya ya haɗa da shi. Kuma ku sani shigar da ƙara ba ya tsayar da canjin, sai lauya ya roƙi alƙali daban ya dakatar, shi ma sai ya ga ɓarnar da ba za ta gyaru ba.

Abu Yasir (Jidda):
Af, ki duba mana, cikakken ma'aikaci ne ko na kwantiragi a ƙarƙashin dokar ƙwadago? In na biyun ne hanyar ta canza, kotun ƙwadago za shi bayan zaman sulhu, kuma sashe na 58 ya hana a maida ma'aikaci inda sai ya tashi daga garinsa sai da yardarsa a rubuce, in ba larura ba ta kwana 30 a shekara.

Ummu Hanan:
Cikakke ne yaya, yana kan martaba, wato matakin albashin ma'aikatan gwamnati. Allah Ya saka muku da alheri, na tura masa duka ya ce zai je ranar Lahadi ya kama aikin. Yanzu wa ya san lauya mai sauƙin kuɗi a Makka da ya saba da irin wannan shari'ar? Ku min magana ta inbos dan Allah.