Jirgin ruwa mai fiffike: wane inji, wace farfela, kuma ina ƙarfin yake zurarewa?

Maƙerin jirage: Assalamu alaikum jama'a. Jirgin ruwa mai fiffike shi ne wanda ke da fikafikai a ƙarƙashin ruwa, haɗe da cikinsa da ƙafafu, waɗanda ke ɗaga gangar jikinsa sama da ruwa in ya yi gudu. Ina roƙon waɗanda suka taɓa jirgin ruwa mai fiffike da hannunsu su kawo abin da suka gani game da yadda ake tura shi. Matsalar da ta fi yawan zuwa gabana ita ce jirgi ya yi daidai a takarda, ya tashi lafiya da mutum biyu, amma da an cika masa lodi sai ya ɗaga hanci, inji ya yi ta gurnani, gangar jiki ta ƙi rabuwa da ruwa.

Ga lissafin da nake aiki da shi don mu yi magana a kan abu guda. Jirgi mai nauyin kilo 1,500, faɗin fikafikansa gaba da baya murabba'in mita 0.65. Yana tashi a wajen kilomita 25 a awa, yana tafiyar yau da kullum a 43, wato mita 12 a daƙiƙa. Idan fikafikan da ƙafafunsu suna ɗaga kilo 10 a kan kowane kilo 1 na turjiyar ruwa, turawar da ake nema kilo 150 ce, ƙarfin da ya isa ruwa kuwa kilowat 18 ba kaɗan. Farfela mai mayar da kashi 70 cikin 100 za ta nemi kilowat 25 daga inji. Jirgi mai nauyi iri ɗaya da ke sulɓi a kan cikinsa, wanda ke samun 5 a kan 1, zai nemi ninkin wannan. Ribar a fili take. Tambayar ita ce wace hanya ta fi kai jirgi ga wannan ribar ba tare da ya maƙale a hanya ba.

Injiniyan farfela: Wa alaikumus salam Malam. Lissafinka daidai ne, amma na jirgin da ya riga ya tashi ne. Inda ake shan wahala shi ne tudun da ke gabanin tashi, tsakanin kilomita 18 da 24 a jirginka. A nan gangar jiki tana cikin ruwa tana haƙa igiya, fikafikai ma suna ciki da babbar kusurwa suna ja da baya. Turjiya biyu a lokaci guda. A jirage da yawa turjiyar wannan tudu ta fi ta cikakken gudu.

Yanzu dubi halin da farfela ke ciki. A ce tana juyi 1,800 a minti, wato 30 a daƙiƙa. Don ta yi mita 12 a daƙiƙa, kowane juyi sai ya ci santimita 40. Ka ƙara zamewar kashi 15, sai a yanka mata taku, wato nisan da za ta ci a juyi ɗaya in babu zamewa, na santimita 47. To a kan tudu jirgin mita 6 kawai yake yi a daƙiƙa. Ko da inji ya iya kai ta juyi 1,500, zamewar ta kusa rabi. Farfela ta yi nauyi, injin dizal ya kasa hawa juyin da tabo ɗinsa, wato na'urar da ke cusa wa inji iska, zai fara hura iska sosai, sai baƙin hayaƙi da zafi. Inji mai kilowat 40 a rubuce zai iya ba ka 22 kawai a wannan juyin.

Abin da nake yi: ina zaɓar farfela daga tudu, ba daga cikakken gudu ba. Turawa a kan tudu ta zarce turjiya da aƙalla kashi 20 zuwa 25, saboda igiya da iskar gaba da dattin jiki za su cinye wannan rarar. Idan bai kai ba, a rage taku, a ƙara faɗin ganyen farfela, a haƙura da kilomita biyu ko uku na ƙarshen gudu. Wanda ya ƙi wannan haƙurin zai samu jirgi mai gudu a ranar da ya ga damar tashi kawai.

Kuma a riƙa auna nauyi da gaske. Ƙarin kashi 20 na nauyin jirgi yana ɗaga gudun tashi da wajen kashi 10, ɓangaren turjiyar da ɗagawa ke haifarwa kuwa da murabba'in nauyi yake hawa: kashi 10 na ƙarin nauyi, kashi 21 na ƙarin wannan turjiya.

Tsohon makaniki: Ɗan'uwa ya faɗi gaskiya. Ni zan yi magana a kan doguwar sandar farfela mai gangara, wadda ita ce hanya mafi sauƙi. Da ita jiragen Raketa na Tarayyar Sobiyet suka fara aiki a 1957, injin dizal guda mai ƙarfin doki wajen 1,000, fasinja sama da 60, gudun kilomita 60 a awa. Babu giya a cikin ruwa, babu abin da makaniki ba zai iya kwancewa ba.

Laifinta kusurwa ce. Tunda jirgi zai ɗaga sama, dole sandar ta gangara da digiri 10 zuwa 14 kafin farfela ta zauna cikin ruwa. Ruwa ba ya shiga farfelar kai tsaye, ta ƙasa yake ɓullo mata. Ganyen da ke sauka yana ɗaukar kaya fiye da wanda ke hawa, a kowane juyi. Sakamakon shi ne jijjiga da zaizayar ƙarfe a gindin ganye. Idan ka cire farfela ka ga ƙananan ramuka kusa da cibiya, ba a bakin ganye ba, to kusurwar ce, kada ka ɗora wa maƙeri laifi. Ita kanta sandar da maƙallanta suna jan ruwa. Boris ɗin roba da ke cikin maƙalli, wanda sandar ke juyawa a cikinsa, ruwa ne man shafawarsa. In na sama ya fita daga ruwa bayan tashi kuma ba a jawo masa bututun ruwa ba, zai ƙone. Ka girgiza sandar da hannu kafin a saukar da jirgi. In ka ji tana ƙwas-ƙwas, a canza boris, a kuma sake daidaita layin inji da sandar bayan jirgi ya zauna a ruwa, don gangar jiki tana ɗan lanƙwasa.

Maƙerin jirage: Baba, to giyar da ke saukar da juyi ta cikin ƙafar fiffike fa? Ita tana miƙar da farfela daidai da ruwa.

Tsohon makaniki: Tana miƙarwa, kuma farfela tana jin daɗin hakan. Amma sau biyu juyin zai sha kwana, giya mai haƙora a karkace sama da ƙasa, kowace da ɗan asararta, kuma ƙafar dole ta yi kauri don sanda ta wuce. Ta ƙasan tana cikin ɗan ƙaramin gida da man da bai taka kara ya karya ba. Zaren kamun kifi ya naɗe bayan farfela, ya yanka sil ɗin da ke tare ruwa, ruwa ya shiga. Duk wanda ke da irin wannan ya riƙa ɗiban man giyar ƙasa yana dubawa. In ya koma fari-fari, ruwa ya gauraya, a tsaya nan take. Noti mai maganaɗisu a wurin zubar da mai zai nuna maka garin ƙarfe tun haƙora ba su karye ba.

Kyaftin: Ni famfon fesa ruwa na fi sani. Jetfoil na kamfanin Boeing, wanda aka fara ƙerawa a 1974 kuma ya daɗe yana jigila tsakanin Hong Kong da Makau da kuma tsibiran Japan, ta bakin da ke ƙasan ƙafar baya yake zuƙar ruwa, ya haura da shi cikin jirgi, injinan tabain biyu, irin na jirgin sama, su juya famfo ya fesa shi baya. Gudunsa ya haura kilomita 80 a awa. Alfanunsa babu giya ko farfela a ƙasa, kuma tabain ba shi da nauyi idan aka gwada da ƙarfinsa.

Sai dai kada a ruɗe, ba don tsimin mai aka zaɓe shi ba. Ruwan da aka ɗaga mita 3 sama an biya masa kuɗin hawa, kuma a gudun mita 22 a daƙiƙa wannan hawan ya kai kusan kashi 12 na ƙarfin da ruwan ya shigo da shi. Ga gogayya a lanƙwasar bututu. Ga nauyin ruwan da ke cikin bututun, wanda fikafikai ne ke ɗauke da shi kamar kowane kaya. Sannan in feshin ya ninka gudun jirgi sau biyu, iyakar abin da za ka samu kashi 67 ne tun kafin a cire asarar famfo. In kana son ya kai 80, sai feshi ya sauka zuwa ɗaya da rabi, wato ruwa mai yawa, bututu mai faɗi, ƙafa mai kauri. Ga jirgin Malam mai kilomita 43, ban ga dalilinsa ba sam.

Wani abin da matuƙi ke ji a jikinsa: in bakin zuƙa ya leƙo waje a ramin igiya, famfo ya sha iska, turawa ta ɗauke gaba ɗaya, jirgi ya faɗo. Shi ya sa a ruwa mai hargitsi ake rage tsayin tashi.

Injiniyar lantarki: Kyaftin, na yarda da kai a kan famfo. Ga ƙananan jirage, abin da ya sauya lissafi shi ne saka injin lantarki a cikin siririn kwanso a ƙasan ƙafa, farfela a bakinsa kai tsaye. Waya kawai ke sauka, babu sanda babu giya, ruwan da ke wucewa shi ke sanyaya shi. Jirgin fasinja P-12 na kamfanin Candela da ya fara jigila a Istokholm, babban birnin Suwidin, a 2024 haka yake, yana tafiya a wajen kilomita 46, kuma kowane kwanso farfela biyu gare shi masu juyawa saɓanin juna, ta baya tana kwashe murɗawar da ta gaba ta bari a ruwa.

Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne yadda yake warware matsalar Injiniya. Injin lantarki yana ba da cikakken ƙarfin murɗawa tun daga ƙaramin juyi, kuma yana jure a ɗora masa fiye da ƙa'idarsa na daƙiƙu kaɗan, daidai lokacin da ake haye tudu. Amma sai batir da na'urar sarrafa wuta sun yarda. Inda nake ganin ana faɗuwa shi ne batir ya sauka zuwa kashi 20, ƙarfin wutarsa ya ragu, a nemi babban ja don tashi, na'urar kare batir ta yanke. Jirgin yana da sauran wutar tafiya, amma babu ta tashi. Saboda haka gwajin tashi a yi shi da batir mai rauni da cikakken lodi, ba da safe an cika shi fal ba. Kaurin kwanso ma a yi masa rowa, don turjiyarsa da murabba'in kaurin take tafiya.

Injiniyan farfela: Hajiya, ƙari ɗaya. Lita guda ta dizal tana ɗauke da wajen kilowat-awa 10, ko da inji ya zubar da kashi 60 a zafi, saura 4. Kafin batir ya ba da 4 ɗin nan sai ya yi kilo 25 ko fiye. A jirginmu na misali, tafiyar awa biyu kilowat-awa 50 ce da ɗoriya, batir sama da kilo 300, kashi ɗaya cikin biyar na nauyin jirgin kuma ba ya raguwa a hanya. Ga gajeriyar jigila mai wurin caji, ina tare da ke. Ga doguwar tafiya, har yanzu dizal ne.

Mai gyaran fiffike: Ranku ya daɗe, duk kun tsaya a inji, alhali rabin jiragen da ake kawo mini da kukan "inji ya mutu" lafiyar injinsu ƙalau. Tunda ɗan ƙaramin fili ne ke ɗauke da jirgi duka, ƙaramin lahani a kansa babba ne. Gansakuka mai santsi da ta kwanta a mako biyu ko uku ta isa ta ƙara cin mai, ƙananan dodon-koɗi a bakin gaba kuwa suna iya hana tashi. Leda ɗaya ta naɗe ƙafa, za ka ji jirgi yana karkata gefe guda; a tsaya, a ja da baya kaɗan, yawanci tana saki.

Bakin gaba a cike duk wani tsagu, a goge da samfefa mai ruwa, daga lamba 400 zuwa 800, ana bin hanyar da ruwa ke bi. In fiffike yana fito da kuka mai tsini a wani gudu, bakin baya ne ya yi kauri ko zagaye. A fere gefe ɗaya kawai a karkace, kukan zai tafi.

A kuma bambanta cuta biyu da ake haɗawa. Shan iska shi ne iskar sama ta bi jikin ƙafa ta sauka kan fiffike ko farfela, galibi a kwana mai tsanani ko in fiffike ya matso saman ruwa fiye da faɗinsa guda. Alamarsa juyin inji ya yi tsalle, jirgi ya faɗi gefe ba gargaɗi. Maganinsa ƙananan shingaye a jikin ƙafa, ƙarin zurfi, da kwantar da jirgi cikin kwana. Ɗaya kuwa ruwan ne da kansa ke zama kumfar tururi saboda matsi ya faɗi a bayan ganye, kumfar ta fashe a kan ƙarfe. Ƙararsa kamar tsakuwa a gwangwani, kuma yana barin ramuka. A fiffike na yau da kullum yana fara damuwa daga kilomita 75 zuwa 90, shi ya sa jiragen fasinja ba sa wuce nan sosai. A farfela kuwa yana iya bayyana tun a kan tudu in ganyen ya yi ƙanƙanta.

Tsohon makaniki: Sai tsatsar haɗin ƙarfe. Fiffiken kabon da aka ɗaure da ƙafar alminiyom a ruwan gishiri, alminiyom ɗin ne zai ci wuya, ya yi farin gari a ramin noti. A raba su da fenti ko wasar roba, a shafa man hana kamawa a kan kowane noti, a kwance a wanke lokaci-lokaci. Ƙarfen sadaukarwa, wanda ake maƙalawa don tsatsa ta ci shi maimakon sauran ƙarafa, a ruwan gishiri na tutiya ko alminiyom, a ruwan daɗi na magniziyom, kuma ba a yi masa fenti. In ya ci rabi a sauya.

Maƙerin jirage: Na gode ƙwarai. Zan sauke takun farfelar daga santimita 47 zuwa 43, in faɗaɗa ganye, in sake gwaji da buhunan yashi daidai cikakken lodi, ina rubuta juyin inji da gudu a kowane kilomita 2 daga 14 zuwa 30, sau ɗaya da iska a gaba, sau ɗaya a baya. Injiniya, in juyin ya haura ƙa'ida bayan tashi, in mayar da santimita biyu ko in taɓa giya?

Injiniyan farfela: Kada ka taɓa giya tukuna. In ya wuce da ƙasa da kashi 3, bar shi, dattin wata guda zai sauko da shi. In ya fi haka, mayar da santimita biyun, amma ka riƙe faɗin ganyen.